Mijin Gwaggo na Farko

Kakata Gwaggo Baturiya ta yi aure sau biyu, amma mu jikokinta miji ɗaya muka sani, kakanmu Ɗantani mai kanwa, wanda ya mutu a kan gadonsa da tsufansa da ƙoshinsa. Na farkon ba mu san komai nasa ba sai gumba. Duk ranar Juma'a Gwaggo za ta daka gero, ta dunƙula gumba, ta raba wa yaran unguwa. In ka tambaye ta sadakar wa ce, sai ta ce ta wancan ce, ta juya maka ƙeya. Haka muka taso muna cin gumbar wancan, ba mu taɓa damuwa da ko wane ne shi ba.

Gwaggo 'yar Fulani ce, daga wata ruga kusa da Burumburum, kuma ban taɓa ganin mai fulako irinta ba. Babana Sunusi shi ne ɗanta na fari, har ya yi furfura bai ji sunansa a bakinta ba, sai dai ta ce kai wannan. Sunan miji kuwa ba a ma zancensa. Ni da nake jika, abokiyar wasanta, nakan tsaya a bakin ƙofa in ƙwala kiran Ɗantani don kawai in ga ta toshe kunne tana neman muciyar da za ta jefe ni da ita. Har na yi aure na haihu ban daina ba, ita ma ba ta daina jifa ba.

Mijinta na farko ya mutu ne a yaƙin basasa, lokacin da gidan sarautar Kano ya rabe biyu. Ƙauyenmu ba ruwansa da rigimar, amma wata rana da rani rundunonin biyu suka haɗu a Kwarin Kanya, bayan gari, kowace ta kwashi mazajen da ta samu ta sa su a gaba. Akwai littattafai biyu na ajami a kan wannan faɗa, ɗaya a hannun wani malami a Bebeji, ɗaya a Kiru, kowanne yana yabon ɓangarensa. Maigidana Surajo tela ne mai son karatu, ya taɓa aro su, na ji ana rera su a zaurenmu. Sun faɗi sunayen masu dawakai, sun faɗi launin dawakan, ɗaya ma har da sunan wani doki. Da aka zo kan mutanenmu sai aka ce, da talakawa masu yawa. Raina ya ɓaci ranar, har yau kuma in na tuna yana ɓaci.

Ashe ba ni kaɗai abin ya ci wa rai ba. Malam Rufa'i na Ɗangora, mai makarantar allo, mahaifinsa yana cikin waɗannan talakawa masu yawa. Da ya ga tsufa ya kama shi sai ya ɗaura niyyar rubuta littafi na uku, wanda babu doki a ciki. Sunayen mamatan kawai zai tara, da yadda kowa ya mutu, a riƙa karantawa a masallaci cikin watan azumi ana yi wa kowa addu'a da sunansa. Ya bi ƙauyuka a kan jakinsa yana neman tsofaffin da suka ga abin da idonsu. A shekarar 1955 ya iso gidanmu, domin a garinmu Gwaggo kaɗai ta rage.

Aka shimfiɗa masa buzu a zaure, ita ta zauna daga ciki bayan asabari, ni ina gefenta don in ɗaga abin da muryarta ta kasa kaiwa. Sun daɗe suna gaisawa. Na zaci za ta yi ta noƙe-noƙe, sai na ji ta buɗe baki kamar dama jira take.

Ta ce mutumin masaƙi ne, ya zo cin rani daga can arewa, ya kafa masaƙarsa a gindin kanya. Ba shi da kowa a nan, mutanen gari Baƙo suke ce masa. Ita tana kawo nono kasuwa, ta nan take bi ko da hanyar ta fi nisa. Ita ta ce shi take so, babanta ya yi ta mita a kan saniyar sadakin da ba za a samu ba, daga baya ya haƙura. Ba su cika shekara da aure ba aka zo aka tashe shi daga kan saƙa, zaren yana miƙe, aka ɗora masa damin kibau a ka.

Daga cikin gari, in ji ta, ba abin da suke ji sai ƙarar bindiga da kukan dawakai, har rana ta karkata. Matan ba su iya fita ba sai da ungulu suka rufe kwarin. Ta ce ruwan rafin ya yi kauri, shanu suka ƙi sha har damina ta zo. Ta bi gawa gawa tana juyawa. Fuskoki da yawa ba su ganuwa, tasa ma haka, don haka ta koma duba ƙafafu. Masaƙi yana da kanta tsakanin babban yatsa da na kusa da shi, inda yake maƙale igiyar saƙa, da wannan ta gane shi. Mazan da suka rage ba su isa su yi sahu ba, liman ma yana cikin kwarin. Mata ne suka ja gawawwakin zuwa kududdufi suka tura ƙasa, babu wanka, babu salla.

Ni dai hawaye nake yi, ina jin kunyar duk gumbar da na ci ina dariya. Malam Rufa'i ya yi ta rubutu, ina jin ƙarar alƙalaminsa. Da ya gama sai ya ce, to Gwaggo, sai sunansa.

Nan ta noƙe. Malam ya gane, shi ma ɗan ƙasar ne. Ya lallashe ta, ya ce addini bai hana ba, ya ce Baƙo ba suna ba ne, kuma mutumin da ba a yi wa salla ba, bai bar ɗa ba, bai bar dangi ba, shi ya fi kowa bukatar a ambace shi. Ta ce ta sani, abin da ya hana ta barci ke nan shekara da shekaru. Sunan sau ɗaya ta ji shi, ranar ɗaurin aure, wata innarta ta raɗa mata, kuma duk waɗanda suka ji shi ranar suna ƙarƙashin ƙasa. Ba irin sunan wajenmu ba ne, balle ta nuna wani yaro ta ce mai sunan wane. Ta roƙi Malam ya ba ta lokaci. Ya ce zai dawo bayan an yi girbi.

Duk damina na bi ta da dabara. Na ce ta raɗa mini a kunne. Na ce ta faɗa wa turmi ni kuma in yi kamar wucewa nake. Na ce in ta ƙi zan sa Malam ya rubuta Ɗantani, su raba ladan biyu. Ko muciya ba ta nema ba. Ta ce in bar ta, bakin da ya yi shekara sittin a rufe ba a buɗe shi da garaje, kuma in za ta faɗa sau ɗaya za ta faɗa, a gaban mai alƙalami. Ta rame, ta rage cin abinci. Na ga yadda abin yake cin ta, na daina tsokana.

Ranar da Malam ya dawo, tun da hantsi ta yi wanka ta yi alwala. Ta ciro wani tsohon zanen saƙi daga ƙasan tukunyarta, wanda ban taɓa gani ba, ta ɗaura. Ba sai an gaya mini wanda ya saƙa shi ba. Ta ce in ɗage asabarin, yau ba za ta yi magana ta bayan komai ba. Malam ya tsoma alƙalami a tawada. Ta yi bisimilla, ta buɗe baki.

Ba abin da ya fito. Na zaci kunyar ce ta dawo, na taɓa gwiwarta. Da ta juyo na ga idonta, tsoro ne a ciki.

"A'isha," ta ce, "babu shi."

Na ce wa?

"Sunan. Na san inda na ajiye shi. Na je wurin, babu shi."

Malam ya ce ta kwantar da hankalinta, tsufa ne, zai dawo. Ya shiga jero mata sunaye, na Annabawa, na Sahabbai, na mutanen Daura da Gumel da Damagaram, har da na Buzaye. Kowanne sai ta karkata kai ta saurara, ta motsa leɓe, sannan ta girgiza. Ta ce ba ta san yaushe ya tafi ba, domin ba ta taɓa fito da shi ba balle ta ga ko yana nan. Ko a zuci ba ta kiransa, wancan take cewa, saboda tana ganin faɗa a zuci ma rashin kunya ne.

Da azahar ta yi, Malam ya ce bari ya rubuta Abdullahi, ai kowa bawan Allah ne, kuma Allah ya san sunan bawansa.

"Allah ya sani, Malam," ta ce. "Amma ni aka ba ajiya."

Ta hana a rubuta masa sunan wani. Ta ce an binne shi babu fuska, ba za a kira shi da abin da ba zai waiwayo ba. Sai Malam ya bar gurbi a tsakiyar layi, faɗin yatsa biyu, ya ce duk ranar da ta tuna a aiko masa, ko yana gadon mutuwa zai cike.

Sauran rayuwarta a bakin hanya ta yi shi. Duk fataken da suka sauka daga arewa sai ta sa a kira mata su, ta ba su fura, ta ce su faɗa mata sunayen mazajen garinsu. Matar da ba ta iya haɗa ido da baƙo, ga ta tana tsare masu jakuna. Yara suka fara cewa Gwaggo ta ruɗe. Ni na san hankalinta garau yake, abin da ya fi ba ni tausayi ke nan. Ta rasu da kaka a 1958, tana motsa leɓe. Na kanga kunnena a bakinta, salati ne kawai.

Azumin da ya biyo baya maigidana ya je Ɗangora ya ji karatun littafin. Ya ce da Malam ya iso wurin gurbin sai ya yi shiru na numfashi guda, jama'a suka ce amin, sannan ya ci gaba. Na ji sanyi a raina, na ce ko ba komai yana da wurin zama.

Bayan Malam Rufa'i ya rasu, wani Malam Khalil mai kyan hannu ya kwafe littafin don a raba wa masallatai, domin na asalin ya fara cinyewa. Surajo ya kawo kwafi ɗaya gida. Ban iya karatu ba, amma na ce ya nuna mini wurin mijin Gwaggo. Ya bi layin da yatsa, ya koma baya, ya sake bi. Mai kwafin ya ga fili a tsakiyar layi, ya ɗauka mantuwa ce, ga takarda da tsada, sai ya matso da sunan gaba. Na karɓi littafin na duba da kaina. Rubutun ya tafi sumul daga wannan gefe zuwa wancan, ko tsinke ba zai shiga ba.