Na Ci Abinci Da Surukata, Gobe Ma Zan Ci

Ina tsakiyar gutsura gurasar roti a wani gidan cin abinci da ake kira mamak a unguwar Setapak ta Malaysiya, Hajiya surukata tana gefena da kofin shayinta, sai ga wani abokin karatuna ɗan Kano. Ya durƙusa ya gaishe ta, sannan ya ja ni gefe.

"Malam, Malaysiya ta cinye maka kunya ne? Tebur ɗaya da uwar matarka?"

Abin da bai sani ba shi ne, matata tana kwance a asibiti tun da aka yi mata aikin haihuwa. Daga ni sai Hajiya a gida, falonmu kuma ɗaya ne. In na shigo ta shige ɗaki, in ta fito na bar gidan. Ga ta da ciwon suga, amma ba ta iya buɗe baki ta ce mini tana jin yunwa. Shekaranjiya a ƙasa na tsince ta, yunwa ta kayar da ita.

Ban kai ga ba shi amsa ba, ashe ta ji.

"Ɗan nan," in ji ta, "kunyar mun gwada ta, saura kaɗan ta kai ni kabari. Ranar da na faɗi, kai ka ɗauke ni?"

Ta turo mini farantin. "Zauna ka ci, ɗana, zai huce."

Na zauna na ci a gabansa. Gobe ma nan za mu karya, duk mai son kallo ya zo da wuri.

Da ku ne, kunya za ku tsare ko Hajiya?