Jinin da Ruwan Ɗumi Bai Fitar Ba

Shekara tara ke nan da kashe Judith. Ban ce rasuwa ba, domin ba ciwo ta yi ba.

Ni ce mai wanki da gugar kayan 'yan wasa a kamfanin da ta fi yi wa aiki a nan Landan. Baturiyar Ingila ce, ta shekara ashirin a fim da talabijin ba ta zama babbar tauraruwa ba. Rabonta kullum shi ne matar da ake kashewa kafin 'yan sanda su iso. An shaƙe ta a kicin, an soke ta a tashar jirgin ƙarƙashin ƙasa, an jefo ta daga bene. Da an gama ɗauka sai ta tashi, ta miƙo mini riga jage-jage tana dariya: "Anti Rabi, yau ma na mutu. Akwai sauran kilishin nan?"

Duk mai irin aikina ya san jinin fim. Yana da danƙo da ƙanshin sukari, ruwan ɗumi ke fitar da shi. Wata Litinin na tsinci farar riga a kwandon wanki, tata ce ta gida. Na tsoma ta a ruwan ɗumi, tabon ya koma ruwan ƙasa, ya kama zare. Jinin mutum ke haka.

Na same ta a ɗakin canza kaya. Ta ɗaga suwaita, haƙarƙarinta ya yi baƙi, da shatin takalmin mijinta. Ta ce, "Ku a wurinku me mace take yi?"

Na ba ta abin da aka ba ni, wanda na ba ƙannena: "Ki yi haƙuri. Namiji yana hucewa." Ta yarda, domin tana ganin ni mai hankali ce.

Bayan wata huɗu, da rana tsaka, a gidansu na unguwar Tottenham, mijin ya karya mata muƙamuƙi, ya danne wuyanta har ta daina motsi. Maƙwabta sun ji ihun. Sun ɗauka bitar wasa take yi.

Yanzu kafin a ɗauki faɗa a fim akwai wadda ke tambayar 'yar wasa inda ta yarda a taɓa ta. A ƙofar banɗaki an manna lambar wayar neman taimako. Da Judith ta gani, ina jin za ta yi tsokana, sannan ta kwafi lambar a ɓoye. Finafinanta kuwa ana ta maimaita su, mutane na cin abinci suna kallon ana kashe ta. Dariyar da ke biyo baya, mu kaɗan muka san ta.

Lokacin shari'a ban fito na ba da shaida ba, kunya ta hana ni. Bana mijin ya nemi a sake shi daga kurkuku. Makon jiya na je wurin mahaifiyarta, na faɗa mata abin da na gani da shawarar da na bayar. Ta ce, "Alhamis, ƙarfe goma. Ki zo ki faɗa a gaban masu duba roƙonsa."

Na riga na nemi hutun ranar.