Sandar da ke tsakar gidanmu

Har yau in na tuna da sandar nan sai raina ya ɓaci. Gungumen ice ne baƙi mai warin kwalta, an kafa shi a tsakar gidanmu na Sabon Gari, daidai inda nake shanya. Wani Nasara mai injin niƙa a bayan katangarmu ne ya roƙi maigidana a kafa, don wayar kuran, wato lantarki, ba ta da hanyar isa wurinsa sai ta kanmu. Aka yi magana a zaure, liman na zaune: sanda ta tsaya, mu kuma a riƙa yi mana niƙa kyauta, shi ne hayarta. Ni na ci moriyar abin, don kafaɗata ta dama ta daɗe da lalacewa wurin daka.

Da aka samu mulkin kai Nasara ya tattara ya tafi, ya sayar wa wani Alhaji dillalin gyaɗa da injin. Satin farko na kai gerona da aka aiko mini daga garin Tsibiri, mai tsaron injin ya miƙo hannu. Na ce, “Kai, ba ka san gidan da sandarku take ba?” Ya ce, “Inna, Alhaji ya ce ya sayi inji da sanda da waya, bai sayi alkawarin kowa ba.”

To ƙasar da sandar ke tsaye fa? Ita ma ya saye ta?

Ni na tasa Malam, maigidan nawa, gaba har ya kai ƙara. Tela ne, mutum mai sanyi, wanda ko kuɗin ɗinki ba ya iya tambaya. Ran shari'a na yafa zane na bi shi, na zauna gindin taga waje, ina jin kome.

Liman ya ba da shaida tsaf, Allah ya saka masa. Sai alƙali ya yi tambaya da Faransanci, tafinta ya juya: “Niƙan nan, haƙƙinka ne da ake biyanka, ko kuwa kyauta ce?” Ga Alhaji zaune cikin babbar riga, ga mutanen unguwa cike da ɗaki. A wurinmu namiji ba ya buɗe baki cikin jama'a ya ce maƙwabci na biyansa don ya ciyar da iyalinsa. Na san abin da zai fito daga bakin Malam.

“Ranka ya daɗe, ai alheri ne irin na zaman tare.”

Shi ke nan fa. Alƙali ya ce ba a tilasta wa mutum alheri. Sanda kuma ta zauna inda take, tunda mai gida da kansa ya yarda aka kafa.

A hanya Alhaji ya tsaya da motarsa, har da cewa, “Malam, Allah ya bar zumunci.” Malam ya ce amin. Amin!

Da muka shiga gida na ce, “Malam, kunyar taka ita za ta yi dakan?”

“Haba, ke kuwa. Da wane ido zan dubi mutane?”

“Da idon da za ka dubi akushi yau.”

Ban taɓa turmi ba. Na dafa wake da rana, na dafa wake da yamma. Ya ci, washegari ma haka. Ina son mutumin nan, Allah ya sani, amma kafaɗar tawa ce.

Da waken ya ishe shi, sai na ga ya ɗauki ƙwaryar gero ya rufe da tsumman ɗinki wai kada a gane. Bai iya zuwa injin Alhaji ba, can wani injin a unguwar Zariya ya tafi, ya bi layi cikin mata suna ta yi masa sannu da aiki. Daga ranar niƙan gidanmu ya koma wuyansa, har ya tsufa.