Askin da ya bi ni har Bwari

Ana sallame sallar asuba muka bar Jikwoyi, mu shida da kyamara ɗaya. Wani ƙauye a bayan Bwari muka nufa, don ɗaukar ƙarshen gajeren fim ɗinmu. Ni ne jarumin, yaron da aka sace aka ɓoye a bukkar gona. Duk unguwa na riga na sanar musu su shirya ganin fuskata tana zubar da hawaye.

Sai dai akwai matsala. Rabin fim ɗin an ɗauke shi ina da suma tuli guda, amma ana gobe tafiya Baba ya tasa ƙeyata wajen mai aski, aka yi mini tal-kwabo. Na ja hular sanyi har kunne, ban gaya wa kowa ba.

Cunkoson Nyanya ya riƙe mu har na fara shafa haɓa ko gemu ya fito. Nan muka sayi ƙosai. Ya ƙanƙance ƙwarai, sai ka haɗa uku kafin haƙori ya san sun shigo. Bayan unguwar Dutse gidaje suka ragu, duwatsu suka ƙaru. Matan ƙabilar Gbagyi da itace a kafaɗa suna wuce mu duk inda direba ya tsaya lallaɓa rami.

Mai gonar, wani dattijo, ya tarbe mu da gasasshiyar masara. Aka kafa kyamara, darakta ya ce in cire hula. Na cire.

"Kai! Ina sumar?"

"Oga, tana shagon mai aski."

"To ɓarayin ne suka tsaya yi maka aski a daji?"

Har an fara maganar komawa, sai dattijon ya shiga bukka ya fito da buhu. "Ku sa kansa ciki mana," in ji shi.

Aka sa. Ashe barkono aka taɓa zubawa a ciki. Na yi hawaye, na yi tari, na yi birgima kamar an sa mini wuta. Darakta ya ce bai taɓa ganin tsoro mai kyau haka ba. Ɗauka ɗaya aka yi.

Mun dawo Jikwoyi da la'asar, idanuna jawur. Na koyi cewa ɗan fim ba ya zama kusa da Baba sai an gama ɗauka, kuma ana shinshina buhu kafin a shiga. Da aka nuna wa Mama ƙarshen fim ɗin a waya, da silifas ɗina ta gane ni.