Ragar Jiratawa Babu Mai Tsaro

Mun tashi da asuba daga unguwar Zariya ta cikin Maraɗi, ko masu ƙosai ba su hura wuta ba. Wanda ya ga shirinmu zai ɗauka Agadas muka nufa, alhali Jiratawa ce, nan bayan Maraɗi. Mai horar da 'yan wasanmu, wani malamin lissafi da ya ɗauki aikin don Allah, shi ya ji a rediyo wai manyan ƙungiyoyi suna isa gari da wuri don su saba da iskarsa. Ni ma'aikacin ɗakin karatu ne. An naɗa ni likitan ƙungiya saboda ni kaɗai nake da kular ƙanƙara da kwalbar man zafi.

Bana ce shekarar farko da jami'armu ta kafa ƙungiyar ƙwallon ƙafa. Da yake babu wasu jami'o'i kusa da za mu kara da su, sai aka tura mu gasar unguwanni da garuruwan kewaye. Mun buga wasa shida, ba mu jefa ko ɗaya a raga ba. Shugaban ofishin wasanni ya faɗa wa Malam a gabana cewa in kakar ta ƙare babu ƙwallo ko guda, ranar Litinin a maido masa da riguna, ƙungiya ta watse. Ba nasara ya nema ba, ƙwallo ɗaya tak. Wasan Jiratawa kuwa shi ne na ƙarshe.

Sai da muka fara zuwa garin Tsibiri ɗauko ɗan wasanmu na gaba, ɗalibin sashen noma, wanda duk fatanmu ke kansa don shi kaɗai ya taɓa buga ƙarfen raga. Hanyar cike take da masu babura da suka nufi Maraɗi aiki, mu kaɗai muke tafiya baibai. Motarmu aron sashen noma ce, warin taki take yi, ƙofarta ta baya kuma da igiya ake rufe ta. Ɗan wasan ya fito da takalmansa a leda, mahaifiyarsa na biye da shi da ƙwaryar fura, tana roƙon kada a bari a karya mata ɗa.

Muka juyo, muka sake ratsa Maraɗi. Mun tsaya sayen esansi, wato man fetur, a bakin hanya, inda direba ya yi rantsuwa da girman Allah kwalbar litar ta ƙanƙance tun bara, kuɗinta ne kawai ke girma.

Kafin ƙarfe takwas mun shiga Jiratawa, wasa kuwa sai bayan la'asar. Garin kore shar: zogale, salad, albasa, tattasai, duk a jere cikin fangala. Mata na ɗure buhunan zogale, a farashin da in na faɗa wa matata za ta kai masu sayarwa na unguwarmu ƙara. Aka shimfiɗa mana tabarma, aka kawo kwaɗon zogale da ƙuli-ƙuli. Da muka cinye aka ƙaro. A matsayina na likita na hana 'yan wasa kwano na uku, na ɗauke musu nauyin da kaina.

Sai dai fuskokin mutanen babu walwala. Kwana uku babu wuta, famfunan ban ruwa a tsaye. A can kowane rukunin lambu da ranar ruwansa, wanda tasa ta wuce shi sai ya jira zagayowar layi, shukar kuma ba ta san jira ba. Ranar ta faɗo kan lambunan da ke kewaye da filin wasa, yawancinsu na iyayen abokan karawarmu.

Wasa ya fara. Kafin hutun rabin lokaci sun zuba mana biyu, ba tare da sun yi gumi ba. Malam yana zana wa 'yan wasa kusurwoyi a ƙasa, suna gyaɗa kai kamar a aji.

An dawo ke nan sai muka ji gurnanin inji daga nesa. Wani ya ƙwala ihu: "Ruwa ya zo!" Wallahi ban taɓa ganin gudu irin wannan ba. 'Yan kallo suka watse, 'yan wasan Jiratawa suka bi su da rigunansu. Mai tsaron gidansu ya ɗan tsaya, ya dubi raga, ya dubi lambu, ya cire safar hannu ya arce. Alƙalin wasa, malamin makaranta ne da ba shi da ko fangali ɗaya, ya duba agogo ya ce shi bai hura usur ba, a ci gaba.

Ga raga a buɗe, ga ƙwallo a ƙafar ɗan Tsibiri, taku goma ya rage. Na fara kabbara. Ashe bayan ragar bakin magudanar ruwa ya ɓalle, ruwan ya nufi fangalin irin salad na wata tsohuwa, tana tsaye da fartanya tana salati. Ɗan wasanmu, ɗan manomi, ya ga ruwa zai kwashe iri. Ya bar ƙwallo, ya bi ta gefen raga a guje, ya durƙusa yana toshe ɓarakar da laka.

"Buga sannan ka tahi!" in ji Malam. "Daƙiƙa guda, bawan Allah! Mi ruwan zai yi cikin daƙiƙa guda?"

Ƙwallon ta ci gaba da gangarawa a hankali, ta goge ƙarfe ta waje, ta fita. Alƙali ya nuna bugun gida. Doka ta ce ɗan Jiratawa ne zai buga, babu ɗan Jiratawa ko ɗaya a fili. Malam ya roƙa, ya kawo hujjoji, alƙali ya ce doka doka ce. Da zaman ya yi tsawo, sauran 'yan wasanmu suka sulale ɗaya bayan ɗaya zuwa lambu, don rabinsu 'ya'yan manoma ne. Ni ma na tsinci kaina riƙe da fartanya.

Rana ta yi ja kafin a dawo, kowa laka har gwiwa. Mai tsaron gida ya riƙe hannun ɗan Tsibiri ya ce, "Gwaggona ce waccan, Allah shi saka maka." Na ce a raina shi ke nan, zai sakar mana ɗaya. Ina! Ya kame duk abin da muka buga, suka ƙara mana na uku.

Muka kama hanyar dawowa. Na tausaya wa Malam ƙwarai, don shekara guda ya yi yana share fili da hannunsa. Sai da muka hango fitilun Maraɗi ya juyo ga ɗan Tsibiri, wanda ya sunkuyar da kai tun Jiratawa.

"Irin tsohuwar ya tsira?"

"Ya tsira, Malam."

"To, madalla. Ni ma da ubana na wurin, da ya ce ka yi daidai."

Abin da tafiyar ta koya mini shi ne, in za ka kara da manoma ka fara tambayar ranar ruwansu, kuma digiri ba ya cire noma daga jikin ɗan manomi. A ƙofar jami'a Malam ya bi 'yan wasa ya karɓi rigunan ɗaya bayan ɗaya. Ya ce shi zai wanke da kansa, don ba zai maida su ranar Litinin da laka ba.