Wayoyi a Buhun Shinkafa

A gidanmu na Haɗeja, idan za a yi magana mai nauyi, Baba yakan sa a tattaro wayoyin kowa a cusa su cikin buhun shinkafa a ɗakin ajiya, sannan a dawo zaure a zauna. Rabon gona, neman aure, saɓani da makiyaya a kan burtali, duk sai wayoyi sun shiga buhu tukuna. Kuma shinkafar da ba a kai inji ba yake zaɓa, ka ciro wayarka hannu yana ta ƙaiƙayi.

A rediyo ya ji cewa hukumomin leƙen asiri na duniya suna iya sauraron mutum ta wayarsa ko da a kashe take. Tun daga ranar ya ɗauki matakinsa. Ni kuwa malamin kimiyya ne a makarantar sakandare, ga bakina ba ya shiru. Na sha tambayarsa me manyan ƙasashe za su yi da zancen albasarsa da kacalla, ciyawar nan da ke toshe mana hanyoyin ruwa. Amsarsa ɗaya ce kullum:

"Ɗan boko, abin da ke kawo maka muryar mutum daga Makka, me zai hana shi kai taka inda ba ka aike ta ba?"

Nakan yi dariya in miƙa wayar. A raina ina ganin tsufa ne kawai.

Wata damina ruwa ya yi yawa, kogi ya cika har yana lasar jinga, wato tudun ƙasa da buhunan yashi da ake jerawa a bakin kogi don a tare ambaliya. Duk namiji mai ƙarfi yana can yana cika buhu. Baba ƙafa ta hana shi zuwa, sai ya zauna a zaure bayan la'asar yana ba ni labarin yadda iyayensu suke yi. Ya ce a da, idan ruwa ya fi ƙarfin jinga, dattawan wannan gaɓa da na ƙauyen da ke ƙetare sukan haɗu a yi shawara. Akwai wata fadama a ɓangaren mutanen ƙetare da babu gida ko ɗaya. In an yarda, sai a fasa jingar ta wajen, ruwa ya samu hanya, kowa ya tsira. Wanda gonarsa ta tafi, gaɓa biyu su haɗa masa hatsin shekara. Ya ce yanzu an gina gidaje a fadamar, mai yin haka ya ɗauki alhakin rayuka.

Labarin ya yi mini daɗi. Na lura muryarsa ta fara rauni, na ce a raina wata rana zan nemi wannan in rasa. Sai tun yana farkon labarin na danna wayata a cikin aljihu na ɗauki muryarsa, ban gaya masa ba, don na san ba zai yarda ba. Da yamma na tura wa guruf ɗin danginmu, har da rubuta cewa ga tarihi daga bakin Baba, kowa ya adana. Ina jin kaina kamar na yi wa zuri'a hidima.

Bayan kwana huɗu jingar ƙetare ta ɓalle da kanta. Ruwa ya ci gonaki, ya rushe gidajen ƙasa, mutane suka koma makarantar firamare da tabarmi da tukwane. Washegari wani abokin aikina ya miƙo mini wayarsa a ɗakin malamai. Na danna. Na ji tarin Baba, sannan muryarsa: "Sai a fasa jingar ta wajensu, ruwa ya samu hanya, kowa ya tsira." Shi ke nan. An sare kan labarin, an sare gindinsa. A sama an rubuta wai asiri ya tonu, ga dattijon da ya kitsa a nutsar da mutanen ƙetare.

Har yau ban san wanda ya yanke ba. Guruf ɗin namu ya tara surukai da surukan surukai, kowa kuma yana da nasa guruf ɗin. Na yi faɗa da mutane da dama a makon nan, na zargi wanda bai ji ba bai gani ba, har wani ɗan baffana ya daina yi mini magana. Fushin nan duk na kaina nake juye wa wasu.

Ranar Litinin mutum biyu suka yi sallama a ƙofar gida, cikin kaftani, ba kaki. Suka cire takalma, suka gaida Baba a durƙushe, suka ce daga ofishin tsaro suke, ana son ya zo a yi masa 'yan tambayoyi. Abin da ya yi shekaru yana ɓoye wayoyi saboda shi, ga shi ya zo har zaure. A nan na buɗe baki na faɗa masa ni na ɗauki muryar. Ya dube ni, ya ce in miƙo masa sandarsa.

A ofishin na kunna musu cikakken labarin. Suka saurara tun daga farko har ƙarshe, ɗayansu ma ya tambayi Baba inda fadamar take, don shi baƙo ne a garin. Suka ba shi haƙuri, suka raka mu bakin titi. A cikin a-daidaita-sahu, ni da rashin kunya, na ce masa ai ga shi ya gani, mutanen nan ba sa sauraron kowa ta waya, sai da na kunna musu da hannuna.

"Su sun ji ni har ƙarshe," in ji shi. "Ashe ba su ne abin tsoro ba. Da ɗan gari akan ci gari."

Da ya zage ni da ya fi mini sauƙi.

Na tura cikakken labarin duk inda hannuna ya kai. Amma wa zai zauna ya saurari tsoho na minti goma sha ɗaya yana zancen kakanni, alhali ga guntuwa mai zafi da ake ji kafin a haɗiye lomar tuwo? An ce ƙarya fure take ba ta 'ya'ya. Wannan dai na ga 'ya'yanta. A masallaci mutane suna gaida Baba a tsaitsaye. Majalisar da yake zama a gindin darbejiya ta riƙa watsewa da wuri.

Abin da ya fi damunsa amininsa ne, wani tsohon masunci a ƙauyen ƙetare. Tun suna samari, duk kaka Baba yakan aika masa da shinkafar girbin farko, shi kuma ya aiko da bandar kifi. Da ruwa ya ɗan janye Baba ya ce in kai shi jaje. Muka shiga kwale-kwale, yana riƙe da kafaɗata. Tsohon ya karɓe mu a rumfar da ya kafa inda ɗakinsa yake a da, ya ba mu ruwa. 'Ya'yansa suna gefe suna kwaɓa ƙasa, ko ɗaya bai zo gaisuwa ba. Baba ya fara bayani, tsohon ya ɗaga hannu.

"Ni na san muryarka, na san halinka. Yaran nan murya kawai suka sani."

A kakar shekarar Baba ya aika da shinkafa. Kifi bai zo ba. Na tabbata ba tsohon ne ya hana ba, amma ba shi ke shiga ruwa ba yanzu.

Ranar da muka dawo daga jajen, Baba ya kira ni zaure ya ce in goge muryarsa daga wayata a gabansa, in kuma gaya wa dangi kowa ya goge. Na roƙe shi ya bar mini cikakkiyar, ita ce shaidarsa. Ya ce shaidarsa tana wurin Allah, abin da aka ɗauka ba da izini ba kuwa ba nawa ba ne. Na goge. Dangi ma, don kunya, suka goge. Daga nan ya ci gaba da hira da ni kamar da, sai dai bai sake ba ni labarin da ba. In na shigo zaure yana cikin bai wa wani, sai ya juya zancen zuwa farashin taki.

Ya rasu bayan shekara biyu, da rani. Na nemi cikakken labarin wurin kowa, ba wanda ya ajiye.

Guntuwar kuwa tana nan da ranta. Duk damina, da kogi ya fara cika, sai ta dawo da sabon rubutu a kanta. Wata shekara aka ce dattijon mutumin Guri ne, wata aka ce na Miga. Bana wani tsohon ɗalibina ne ya turo mini, da gargaɗin in yaɗa don jama'a su farga. Na rubuta masa doguwar amsa mai zafi, na goge, na rubuta masa cewa mahaifina ne, kuma ba haka ya faɗa ba.

Sannan na shiga ɗakin ajiya na rufe ƙofa, na zauna a kan buhun shinkafa. Na kunna, na ji tarin nan nasa, na tsayar kafin ya fara magana. Na mayar da ita farko na sake kunnawa.