Malama Saude mai laburare ta rasu

Ina cikin aji da safen nan, alli a hannuna, aka kira ni daga Bici. Malama Saude ta rasu.

Innalillahi wa inna ilaihi raji'un.

Na bar wa yara aiki a allo, na fita bayan aji na zauna gindin darbejiya. Ku yi haƙuri da rubutun.

Da yawanku da littattafan yara kuka san ta. Mu kuwa Malama mai laburare muke ce mata, tun ba ta rubuta ko layi ɗaya ba. Ita ke kula da ɗakin karatu na sakandaren 'yan matan da na yi. Ɗaki ɗaya ne tak, rufin yana yoyo, gara na cin kantoci ta ƙasa. Da hadari ya haɗo za ka gan ta da gudu, tana kwashe littattafai daga kusurwar da ruwa ke zuba.

Ni daga wani ƙauye gefen Bagwai na zo, ga i'ina mai tsanani. Idan aka ce in tashi in yi karatu, kafin in buɗe baki aji ya fara dariya. Sai na riƙa gudu laburare lokacin hutun tara in ɓuya. Ba ta taɓa tambayata dalili ba.

Wata rana tana liƙe bangon littattafai da ƙaro, ta turo min ɗaya, ta ce, "Hauwa, hannuna duk danƙo. Karanta min in ji."

Na fara, na maƙale. Ina jira ta ƙarasa min kalmar kamar yadda kowa ke yi. Ko ɗagowa ba ta yi ba, ta ce, "Kalmar ba gudu za ta yi ba. Jira ta."

Haka muka yi ta yi har na gama makarantar. Yau ni ke tsayawa gaban aji ina koyar da Hausa.

Duk Asabar takan buɗe ɗakin saboda yaran unguwa 'yan firamare. Yawancin littattafan kyauta aka aiko da su daga ƙasashen waje. Wata Asabar ina wurin, wata yarinya ta dawo da nata, ta ce, "Malama, su yaran cikin littafi ba a aikensu gona ne?"

Malama ta yi dariya har da hawaye. Daga baya kuma ta daɗe tana juya littafin.

Da ta yi ritaya sai ta zauna rubutu. Littafinta na farko labarin wata yarinya ne da aka aika kai fura gona, akuyarsu ta biyo ta. Da kanta ta hau mota ta kai wa masu ɗab'i a Kano. Har a cikin danginta akwai wanda ya ce mata, "Duk karatunki a kan akuya za ki ƙare?" Ta ce, "Akuyar ce yaran suka sani."

Ba ta kai labari ɗab'i sai ta tara yara a tsakar gida ta karanta musu. Inda ta ga sun fara tsokanar juna, ta ce wurin bai yi ba, ta soke shi. 'Yan ajina har rigima suke yi a kan littattafanta.

Ciwon suga ne ya cinye mata ido a shekarun nan. Macen da ta ƙare rayuwarta cikin littattafai, ta koma sai dai ta shafa bango.

Ana yankan gero na je gaishe ta. Ina yin sallama ta gane muryata. Ta rame ƙwarai, amma ko gaisuwa ba mu gama ba ta ce, "Kin zo da biro? Akwai labarin da ya hana ni sakat."

Tana faɗa ina rubutawa. Wata yarinya ce ta tsinci ƙwan zabi a kan iyakar gonarsu da ta maƙwabci, ba ta san na waye ba. Mun kai inda take tsaye da ƙwan a ƙwarya, ga mai gonar ya tunkaro ta, sai numfashin Malama ya fara sarƙewa. Ta jingina da bango.

Na ce, "Malama, to faɗa ya yi mata?"

Ta yi murmushi, ta ce, "Kai, Hauwa, ke ma kin koma yarinya. Ni kaina ban yanke ba tukuna. Ki dawo in an fara roron wake."

Waken ko bushewa bai yi ba.

Bayan azahar za a yi jana'iza a ƙofar gidanta. Yanzu zan nemi izini in kama hanya.

Ya Allah, ga baiwarka Saude ta zo gare ka. Ka jiƙanta, Ka yafe mata kurakuranta, Ka haskaka kabarinta. Ka sa jinyar da ta sha ta zama kaffara, abin da ta koyar ya zama sadaka mai gudana. Ka ba 'ya'yanta da jikokinta haƙuri.

Don Allah, ko ba ku san ta ba, kada ku wuce haka nan. Ku tsaya ku yi mata addu'a.